Rawanin Mahaifina a Bakin Randa

Shekarun baya, tun Turawa na mulki, na gama Midil a Sakkwato aka ba ni koyarwa a elementare. Da hutun damina ya zo na koma ƙauyenmu kusa da Dinawa ina ji da kaina, ga alƙalami a aljihun gaba, ga 'yan littattafai a akwati. A lokacin gani nake duk ilmin duniya yana cikin akwatin nan.

Na tarar da gida ba daɗi. Yayana shi ne ƙarfin gonarmu, amma da zarar damina ta kankama sai kurkunu ya kwantar da shi. Ƙafa ta kumbura, ƙurji ya fashe, farar tsutsar nan ta leƙo, a zauna ana naɗe ta a tsinke kaɗan-kaɗan, ciyawa na can tana cinye gero. Rumbunmu ya daina kai mu ƙarshen bazara, mahaifiyata har ta fara rage awo.

Mahaifina malami ne, zaurensa cike da littattafan fiƙihu da tarihi da na magani, kuma Allah ya zuba masa bin diddigi. Cikin akwatina akwai wani ɗan littafin kiwon lafiya, sai na ɗauko shi na shiga zaure da hantsi, na durƙusa na gaishe shi.

Na ce, "Baba, littahin ga ya ce kurkunu cikin ruwan tabki shike. Wasu 'yan ƙwari ka ɗauke da shi, mutum ya haɗiye su bai sani ba."

Ya ɗago. "Mi kac ce? Ruwan da launinai bai sake ba, ɗanɗanonai bai sake ba, warinai bai sake ba?"

Na riga na shirya gardama tun a hanya, har da amsoshin da zan bayar. Sai kawai ya miƙa hannu ya jawo wata tsohuwar gafaka, ya zaro littafi daga ciki, ya yi ta buɗe shafuka har ya tsaya a wani wuri. Ya ce, "Su ma malaman magani na da sun yi saɓani. Wasu sunka ce jijiya ta, wasu sunka ce tsutsa ta. Amma babu wanda yah hwaɗi inda taka hitowa. Tahi ka ɗebo mu gani."

Na ɗebo ruwan tafki a farin kwano. Yana da wani madubin karatu mai ƙara girman rubutu, wanda wani abokinsa ya kawo masa tsaraba daga aikin hajji. Muka fita rana, ya duƙa a kan kwanon, ni kuwa ina leƙe ta kafaɗarsa, don ni kaina ban taɓa ganinsu ba, a takarda kawai na san su. Can sai ya ce, "Ikon Allah! Zo ka gani, tsalle suka yi!"

Ga su nan kuwa, 'yan mitsi-mitsi, ba su kai ƙwayar gero ba, suna zillo cikin ruwan da muke sha tun muna goye. Ya daɗe yana kallo kamar yaron da aka ba sabon abin wasa. Da ya miƙe ya ce, "Ruwan ga mai tsarki na, alwala ta yi da shi. Amma tsarki daban, lahiya daban. Mi littahin yac ce a yi?"

Na ce a tace da ƙyalle mai ƙananan ido. Aka gwada zanen saƙin mahaifiyata, muka leƙa da madubi, ga su sun wuce abinsu. Duk gidan abu ɗaya ne mai laushin da ake nema: farin rawaninsa na zuwa Juma'a.

Mahaifiyata ta dafe ƙirji. "Malam, rawanin naka?"

Sai ƙarar yaga kawai muka ji. Aka ɗaura guntu a bakin kowace randa, aka hana yayana shan ruwa a tafkin gona, sai dai ya tafi da gorarsa.

Damina ta zagayo, kurkunu ya sake fito wa yayana. Wallahi ranar ji na yi kamar ƙasa ta tsage in shige. Gari ya ɗauka: Malam ya bi ɗan boko ya yi asarar rawani. Yayana ya nuna mini ƙafarsa ya ce, "Ga littahinka nan ya leƙo."

Mahaifina ko a jikinsa. Ya kira ni ya ce, "Littahin bai hwaɗi tsawon zaman da taka yi cikin jiki ba?" Na duba, ya ce kusan shekara. Ya gyaɗa kai. "To wagga ta bara ta, tun kahin mu soma. A ci gaba da tacewa."

Daminar da ta biyo baya, yayana ya yi noma tun daga shuka har girbi bai kwanta ba, rumbu ya cika. Matan maƙwabta suka fara sallama suna roƙon guntun ƙyalle, mahaifina kuma yana yagar musu daga rawanin.

Na yi karatu da yawa bayan haka, amma a zauren nan na koyi yadda ake yin sa: ka saurari littafi, ka je ka duba da idonka, sannan ka yi haƙuri. Har yau ina kewar yadda mahaifina yake murna idan ya ga abin da bai sani ba.

Da ya rasu aka zo raba kayansa, aka ba ni madubin. Rawanin kuwa abin da ya rage bai wuce kamu guda ba. Yayana ya miƙe tsaye a kan ƙafafunsa, ya ɗauke shi ya ce, "Wanga nawa na."