Tsingaron Malam Lawali

Bana shekara goma sha biyu ke nan da muka raka Malam Lawali makwancinsa a Bungudu. Taubashina ne, ɗan kawuna, don haka tun muna yara ba na ganinsa ban tsokane shi ba, shi ma ba ya raga mini. Allah Ya jiƙansa. Ban taɓa rubuta komai a kansa ba sai yanzu da magana ta taso a gidansa: 'yarsa Shafa'atu ta sami gurbin karatu a jami'a, babban wansa Alhaji Mamman kuma ya ce ba inda za ta.

Lawali malamin tarihi ne a wata sakandare a Tsafe. Duk ƙarshen mako yakan biyo ta Gusau ya ɗauke ni a babur mu wuce gida. Tafiya ce 'yar kaɗan, amma mu sai ta cinye mana yamma. Da ya hango wani tudu a gefen hanya sai ya taka birki, ya bar ni riƙe da babur, ya kutsa cikin sabara yana sunkuye. Masu wucewa kan tsaya su tambaye ni ko makulli ya yar. Ina! Tsingaro yake tsinta, wato ɓaraguzan tsofaffin tukwane. Sai ya goge guda da babban yatsa, ya ɗaga shi ga rana yana duba zanen jikinsa, fuskar nan tasa cike da murna. Ni na naɗa shi Sarkin Juji, shi kuma ya ce ni ne Sarkin Ciki, tunda ba na ganin amfanin tukunya sai da miya a ciki.

A bayan babur ɗin nan na yi karatun da ban nema ba. Ya ce a ƙasar Kan'ana, inda Annabi Yaƙubu ya zauna da 'ya'yansa, akwai tuddan da mutum ne ya tara su. Gari ya ƙone ko ya rushe, a baje shi, a sake gini a kai, wani bisa wani, har ya zama tudu. Masu bincike kan yanka tudun daga sama zuwa ƙasa, kuma da tukwanen kowane hawa suke gane zamaninsa. Ɓarawo kan kwashe zinariya, gara ta cinye tufa, amma ba wanda ke satar fasasshiyar tukunya. Har ƙauyukan Bani Isra'ila na kan duwatsu, in ji shi, ana yawan samun wasu manyan randuna masu kaurin baki a cikinsu. Labarin da ya fi ba shi dariya shi ne na wani Fir'auna da ya sa aka sassaƙa a dutse cewa ya gama da Isra'ila, irinsu ya ƙare. Yau dutsen nan ne tsohuwar shaidar da ake da ita cewa suna nan.

Bai taɓa taka Misra ba, Kan'ana kuwa sai a hotunan tsofaffin littattafai. Abin da ke cin ransa shi ne mu ma muna da kufai birjik tsakanin Tsafe da Bungudu, kuma ba mai tambayar su komai. Shi ya sa yake tara tsingaron a buhuna, kowane buhu ya rubuta masa sunan wurin da gawayi, wai wata rana masana za su zo. Matarsa Hajara ta sha yi mini ƙorafi cewa ɗakin da ya kamata a zuba gero an cika shi da shara.

Rashin lafiyarsa ba ta yi tsawo ba. Bayan Hajara ta fita takaba na je gaishe ta, sai na tarar da tsakar gida ta sha sabon daɓe, yana ƙyallin makuba. Da na duba ƙasa sai na ga abin da aka yi daɓen da shi. Tsingaron Lawali ne gaba ɗaya, na wannan kufai ya cuɗe da na wancan, matan unguwa sun jera su sun bubbuge da madaɓi. Wahalar shekaru ta zama wurin shanya tsaba. Raina ya ɓaci ƙwarai, amma ba a yi wa mai sabon rashi faɗa, sai na haɗiye.

Nakan tambayi kaina, da zai dawo yau me zai ce? Na san zai raina kansa a gaban wayar da ke nuna dalar Misra ciki da waje, ya kwana yana latsa ta. Na kuma san zai yi kuka. Hanyar da muke tsayawa son ranmu, yanzu direba ba ya ko rage gudu don tsoron 'yan bindiga. Kufai sun ƙaru, irin waɗanda ba sa bukatar masana, don masu su na nan Gusau da ransu, suna raɓe a gidajen dangi.

Shafa'atu kuwa a kan daɓen nan ta girma. Tana 'yar shekara bakwai uban ya rasu. Sauran yara na wasan 'yar carafke, ita tana durƙushe tana bin zanen tsingaro da yatsa, tana ware masu zanen igiya da masu na tsinke. Da ta gama sakandare ta nemi fannin binciken kayan tarihi, aka kuma ba ta. Alhaji Mamman, ɗan kasuwar hatsi ne a Gusau, shi ya riƙe gidan tun rasuwar ƙanensa, kuma bai taɓa gazawa ba. Ya ce shi dai bai yarda 'yar musulmi ta tafi koyon tonon kaburburan mutanen zamanin da ba.

Yarinyar ta same ni idonta jawur. "Baba, kai ka san mahaifina fiye da kowa. Ka gaya ma Alhaji abin da zai ce da yana raye."

Muka haɗu a Bungudu, a tsakar gidan, bisa tabarma. Na zuba duk karatun bayan babur, har da Fir'auna da dutsensa. Alhaji ya saurare ni tsaf, sannan ya ce, "Kai dai Sarkin Ciki, ci tuwonka. Mi anka samu ga tsince-tsincen Lawali? Ga shi nan muna zaune bisa."

Hajara na bakin ƙofar ɗakinta. Mace ce da ban taɓa jin ta ɗaga murya gaban Alhaji ba. Ta gyara mayafi ta ce, "Yaya Alhaji, a yi mani haƙuri. Ran da kac ce a kwashe buhunnan Malam a zuba kududdufi, ban iya musa maka ba. Shi as sa nik kira mata munka daɓe su, don in aje su inda ba mai iya kwashewa. Na san ba haka shika so ba, amma iyakar dabarata ke nan." Ta dubi 'yarta. "Ita ko wagga, ba ni iya daɓe ta tsakar gida. Ka bar ta ta tahi."

Ashe shekara goma sha biyu muna taka amanar da aka ɓoye a bainar jama'a. Alhaji ya daɗe yana kallon ƙasa. Ya sa hannu ya shafa wani tsingaro da ke gefen tabarma.

"Amma ban da kabari," in ji shi.

"Ban da kabari, Baba," in ji Shafa'atu.

Lawali bai bar gona ba, bai rubuta littafi ba, masanan da ya yi ta jira kuma ba su zo ba. Abin da ya tara ma ba zai ƙara karantuwa yadda ya so ba, wannan kam ya wuce, kuma har gobe yana yi mini ciwo. Amma ya bar matar da ta yi ta yi masa tsiya kan shara, ta kuma ƙi bari a zubar da ko ƙwara ɗaya. Ya bar 'ya mai tafiya kanta sunkuye tana duban ƙasa, sak ubanta.

Makon jiya Alhaji Mamman da kansa ya kai ta tasha a Gusau. Mota ta cika, direba na ta danna oda, shi kuwa ya riƙe ƙofa ya ƙi saki. Ya leƙa ta taga, ya rage murya don kada in ji, amma na ji.

"In kin koyo, ki dawo ki gaya mani mi ƙanena ya gani."