Manomin da Ya Cinye Irinsa

Kawuna, wan mahaifiyata, mai yin silima ne. Ya bar Cadakori yana saurayi, ya tafi Yamai ya koyi kamara wurin Nasara, a shekarun da ƙasa ta samu kanta. Shi ke rubuta labarin, shi ke tsayar da mutane gaban kamara, ya ce wane ya shigo, wance ta yi kuka. Finafinan koyar da noma yake yi, mota ta zagaya da su ƙauyuka ana haskawa a jikin farin ƙyalle. Da aka rufe buron nasu, wato ofishin, sai ya komo gida ya kama hauya, har Allah ya karɓi abinsa.

A ɗaya daga cikin finafinan akwai wani raggon manomi da ya soye irin gyaɗarsa ya cinye kafin ruwa ya sauka. Babana ne ya fito a raggon. To mutanenmu na Gangara ba su san wani abu wai wasa ba. Sun ga mutum da idonsu yana watsa iri a baki, shi ke nan, magana ta ƙare. Suka laƙa masa Ci-iri. Mutumin da bai taɓa wasa da rumbu ba! Ina lakol, makarantar boko, na fasa wa wata yarinya baki a kan wannan suna, kuma har yau ban yi nadama ba. A gida ba a zancen fim ɗin, don haka na tashi da yaƙinin Baba na riƙe da kawu a zuci.

Sunan ya mutu tare da masu kiransa. Baba ya tsufa, ya zama dattijon da ake kai wa rikicin iyakar gona.

Bara, ranar kasuwar Gangara, ɗiyata da ke jami'a ta kira ni. Wai an tono fim ɗin a wani tsohon ɗakin ajiya, ga shi yana yawo a wayoyin hannu, daga salula zuwa salula. Tsoho mai furfura a mai da shi abin dariyar jikoki? Na yafa mayafi na shiga taksi daga Agiye, ina ta masifa da direba don ya tsaya ɗaukar buhunan wake. So nake in riga labarin isa.

Ina! Na tarar da Baba gindin itacen bedi, tsofaffi sun yi masa zobe, salula a hannunsa dab da hancinsa. Ga shi nan a cikin fim ɗin, siriri kamar karan gero, kumatu cike da gyaɗa. Tsofaffin na ta ƙyaƙyatawa. Na buɗe baki zan wanke su tas.

"Ke, zauna," in ji Baba. "Wa ya aiko ki?"

"Baba, ba ka ji haushi ba?"

"Haushin me? Duk garin nan aka rasa mai yarda ya fito a raggo. Ni kuwa lokacin ƙanwar kawunki nake nema, uwarki. Ko buhun ya ce in haɗa in tauna, da na tauna."

Wallahi sai na ji sauƙi ya zo mini. Na zauna a bakin tabarma ina dariya, hawaye na zuba.

Hoton ya koma kan gona fayau, ba tsiro ko ɗaya. Sai wata murya ta fara bayani a hankali, da Gobiranci. Baba ya ɗaga hannu, kowa ya yi tsit.

"Kawunki ke nan," ya ce. "Na manta yadda muryarsa take."

Ya miƙo mini salular. "Mai da shi baya. Ba wurina ba, wurin da yake magana."