Farfelar da Yaya Ya Kawo Gida

Yayana ya yi aikin jirgin sama tun ina budurwa har na aurar da 'ya'yana. Ba tuƙi yake yi ba, kuma ya gaji da gaya wa mutanen unguwarmu haka, don duk wanda ya gan shi da Sallah sai ya ce, "Direban sama, yaushe a gari?" Makanike ne na ƙananan jirage masu farfela a hanci, irin waɗanda ake koyon tuƙi da su. Da ya yi ritaya sai ya tattaro ya dawo Kafanchan, gidan mahaifinmu, inda ni ma nake zaune tun bayan rasuwar maigidana. Na ji daɗin dawowarsa ƙwarai, ba zan ɓoye ba, don gidan ya yi mini girma.

Motar da ta kawo kayansa ba ta ɗauko wani abin kirki ba. Katifa ce, da akwatin kayan aiki, da wani dogon abu naɗe cikin bargo wanda bai yarda kowa ya taɓa ba. Da aka kwance sai ga farfela mai hannu biyu, ta alminiyon, ta fi ni tsawo. Ya sa aka kafa ƙarafa a bangon falo, ya rataye ta da hannunsa. Abin da ya fara tsone mini ido shi ne jan fentin da aka zizara a kowane hannu nata, layi biyu a gicciye, fentin ma ya zubo ya bushe haka nan.

Na ce, "Yaya, wane maƙiyinka ne ya ɓata maka abu haka?"

Ya ce, "Ni na shafa. Ta mutu."

Ya yi mini bayani cewa akwai tsaga kusa da cibiyarta, siririya, ido ba ya ganinta sai an shafa wani ruwa an haska fitila. Shi ya gano tsagar, shi ya hana jirgin tashi a ranar, kuma wannan ce farfelar da ya fi daɗewa yana kula da ita a duk aikinsa. Na sa yatsa na shafa wurin da ya nuna, na kawo ido kusa, ban ga komai ba. Ni citta nake saye ina sayarwa. Idan buhu ya zo daga Kwoi, na karya ɗaya na shinshina, na san ko ta bushe ko an cuce ni. Abin da ya lalace a wajena yana da wari ko yana da launi. Wannan kuwa sumul take, sai na ɗauka irin tsananin Yaya ne kawai, mutumin da ko cokali ya karkace ba ya cin abinci da shi.

Shekarun nan da muka yi tare masu daɗi ne. Bayan la'asar, in na dawo daga shago, mukan zauna a baranda, in kawo masa gwaten acca, mu kalli hadari yana taruwa ta wajen dutsen Kagoro. A nan na koyi abin da ban nema ba game da farfela. Ya ce ba a ƙera ta a ƙasar nan, daga ƙasashen Turawa ake odarta, kuma masu ƙerawar ba su da yawa, don haka mai jirgi yakan yi watanni yana jira jirginsa na ajiye. Kowace tana da lamba a jikinta da littafinta, inda ake rubuta awoyin da ta yi a sama da duk hannun da ya taɓa ta. Ta tsufa a wata ƙasa, a gyara ta a wata, a sayar da ita a ta uku, littafin na biye da ita. Na ce masa ashe ta fi 'yar sarki gata. Ya yi dariya ya ce har jirage masu saukar ungulu haka nasu yake, sun ma fi tsada da wuyar samu, shi ya sa dillalai ke yawo ƙasa ƙasa suna farautar tsofaffi. Ni dai kasuwa na ji a ciki, kuma kasuwa ko ta mene ce ina jin daɗin labarinta.

Sai bikin 'yarsa ta fari ya taso. Ni ce uwar biki, tunda mahaifiyarta ta rasu, kuma ni ba a yin abu rabi da rabi a hannuna. Na sa aka yi wa gidan fenti ciki da waje, aka canja labule, aka wanke kujeru. Falo ya fito fes, sai farfelar nan a tsakiyar bango da jan fentinta kamar an yanka kaza a kanta. Dangin ango daga Legas za su zo, a wannan falon za su zauna. Yaya ya tafi Gwantu kwana biyu kai goron gayyata wa dangin mahaifiyarmu, ni kuwa na ce dama ta samu.

Maƙwabcinmu mai gyaran jikin mota ne, mutumin Kwoi, mun fi shekara ashirin katanga ɗaya. Da Kirsimeti matarsa ta aiko mana da shinkafa, da Sallah mu aika musu da nama. Na kira shi na nuna masa. Ya tsaya ya riƙe ƙugu.

Ya ce, "Hajiya, wannan abu mai kyau ne fa. Wane ne ya zuba masa fenti haka? Kai bari kawai, zan wanke shi da tina, in yi masa folishin, za ka ga fuskanka a ciki."

Na ce, "Abin da nake so ke nan. Kafin Yaya ya dawo."

Ya cika alkawari. Yini ɗaya ya yi a kanta, ya cire jan fentin tas, ya goge 'yan ƙananan tabon da ke bakinta, ya murza ta har tana ɗaukar ido. Ko sisi bai karɓa ba, ya ce gudummawarsa ce ta biki. Muka mayar da ita bango muka ja da baya muna yaba kanmu. A garinmu ba a barin abu mai kyau cikin muni. Tsohuwar ƙwarya ana ɗinke ta, tsohon babur ana fesa masa fenti ya koma sabo, kuma wanda ya yi maka haka ya yi maka alheri ne. Wallahi da zuciya ɗaya na yi.

Yaya ya dawo da azahar, ya yi sallama, ya shiga falo. Na biyo shi ina murmushi ina jiran yabo. Yana tsaye da jakarsa a hannu bai ko ajiye ba.

Ya ce, "Wa ya yi wannan?"

Na ce, "Ni na sa. Ba ta yi kyau ba?"

Ya dubi farfelar ya ce, "Ta yi kyau. Shi ne matsalar." Ya ce bayan biki zai mayar da fentin, ya wuce ɗakinsa. Raina ya ɓaci, na bi shi da harara, na ce a zuciyata mutum ya yi maka gyara ko sannu babu. Hidima ta sha kaina, na manta da zancen.

Biki ya yi kyau, Alhamdu lillahi. Farfela kuwa ta zama amarya ta biyu, kowa sai ya tsaya a gabanta an ɗauke shi hoto. Ina lura da wani daga cikin abokan dangin ango, mai farar shadda da turare mai ƙarfi, wanda shi bai ɗauki hoton kansa ba. Cibiyarta ya matsa ya ɗauka, wurin da lambar take.

Bayan mako guda ya dawo shi kaɗai. Ya gaida Yaya da ladabi, ya ce shi dillalin kayan jirgi ne, yana da mai neman irin wannan farfelar a wata ƙasa, jirginsa ya daɗe a ƙasa. Ina kawo musu ruwa na ji kuɗin da ya ambata, saura kaɗan tiren ya suɓuce mini.

Yaya ya ce, "Alhaji, tana da tsaga. Ni na kashe ta da hannuna."

Mutumin ya tashi ya shafa ta, ya ce, "Baba, ni ban ga tsaga ba. Wanda zai saya ma ba zai gani ba."

"Ba ta da littafi."

"Littafi ba matsala ba ne, akwai masu yi."

Yaya ya miƙe, ya ce masa ya gode da ziyara, Allah ya kiyaye hanya. Ban taɓa ganin ya sallami baƙo ruwa bai sha ba sai ran nan.

Mutumin bai haƙura ba. Washegari ya same ni a shago cikin buhunan citta, ya ce in lallashi Yaya, nawa kason daban. Zan faɗi gaskiya ko da ba ta yi mini kyau ba: na saurare shi har ƙarshe, kuma ban kore shi ba. Ce masa na yi zan duba. Duk hanyar gida a kan acaɓa ina ta saƙa yadda zan shigo da maganar, ina ce wa kaina ƙarfe ne a bango, ba ya ci ba ya sha.

Na iske maƙwabcinmu ya riga ni. Yana zaune a baranda da Yaya, hularsa a gwiwa. Ashe shi ma mutumin ya je garejinsa, ya tambaye shi ko zai iya sauko da ita ranar da Yaya ba ya nan.

Yana cewa, "Baba, na ce masa Allah ya sawwaƙe. Ni na wanke shi ne domin biki, ban san zai kawo wahala ba. Ka yi haƙuri."

Yaya ya ce ba laifinsa ba ne. Sannan ya juyo gare ni, kamar ya san inda na fito. Ya ce jirgin da za a ɗaura wa wannan farfelar ƙarami ne, mutum biyu ko huɗu ne a ciki, wataƙila malami da ɗalibinsa. Za ta yi musu aiki lafiya wata ɗaya, ko shekara, sai rana ɗaya a sama hannunta guda ya fita. Bai ɗaga murya ba. Kunya ta rufe ni, na kasa gaya masa abin da na zo da shi a bakina. Na ce to a mayar da jan fentin yau ɗin nan, ni zan sayo.

Ya girgiza kai. Ya ce, "Fentin da ya fita a yini ɗaya? Ke kika nuna mini. Yau ina nan na ce a'a. Ran da ba na nan fa, aka zo raba kayana?" Ya ce dokar aikinsu ita ce duk abin da aka kashe a yanka shi, yadda ba wanda zai iya mayar da shi kan jirgi. Ya san haka tun ranar da ya sauke ta. Mai jirgin ya bar masa ita a kan zai yanka, shi kuma ya kai zarto ya kasa, ya shafa fenti ya ce wa kansa ya isa.

Da safe bayan mun karya, ya sauko da ita da kansa. Muka kifa turmi biyu a tsakar gida ƙarƙashin mangwaro, muka ɗora ta. Maƙwabcinmu ya ce zai kawo injin yanka ya gama a minti kaɗan, Yaya ya ce a'a, ya buɗe akwatinsa ya ɗauko zarton ƙarfe. Ya fara goge lambar da magagari har ta ɓace. Sannan ya dube ni.

Ya ce, "Zo ki riƙe mini."

Na durƙusa na danne hannunta ɗaya da duk ƙarfina. Ina jin kowane jan zarto yana shigowa tafin hannuna, garin alminiyon yana zuba a kan zanena. Ya yanka ta gida shida, yana hutawa tsakani yana share gumi, don ƙarfinsa ba kamar da ba. Ni ce na fara kuka, ba shi ba. Na ce, "Yaya, ka yafe mini, ni na jawo maka." Ya ce in daina, in riƙe da kyau kada ta goce.

Da guntun ƙarshe ya faɗi ƙasa, ya zauna a kan turmin yana mayar da numfashi. Na zaci zai yi kwanaki ba ya magana. Sai na ga fuskarsa ta saki, irin sakin da ban gani ba tun dawowarsa. Ya goge zarton, ya mayar da shi akwati, ya rufe.

Ya ce, "Shekara nawa ina karɓar gaisuwar ritaya, ashe da sauran aiki ɗaya ban gama ba. Yanzu na tashi daga aiki."

Maƙwabcinmu ya kwashe guntayen a buhu ya kai wa masu zubin tukwane a bayan kasuwa. Ni kuma na share tsakar gida, na shiga na ɗora mana abincin rana, Yaya ya ci ya nemi ƙari.