Buhun Shinkafa a Ƙofar Tela

Yanzu kowane lungu a unguwar Aƙiƙ da fitilarsa da kyamararsa, motar shurɗa, wato ƴan sanda, tana wucewa a hankali. Lokacin da na zo Madina ba haka unguwarmu take ba. Akwai mai gadi ɗaya na hukuma, asas ake ce masa, yana zagaye da usur, amma lungunmu ya yi masa nisa. Da aka sace tukunyar gas a gidaje biyu, ni na ce mu kafa sintiri. Na ga yadda ake yi a Kano da sanda da tocila, na ga na garin Wad Madani inda kowane gida ke ba da namiji ɗaya. Sai aka bar mini jagoranci, na karɓa ina jin kaina.

Wani dare na hango mutum ya naɗe fuska da mayafi, da buhu a kafaɗa, yana sanɗa a ƙofar wani tela, dattijo ɗan Cadi da idonsa ya fara mutuwa. Na yi abin da na saba gani a gida. Na kurma ihu, "Ɓarawo! Harami!" na cafke masa riga.

"Uskut, yi shiru, Alhaji, don Allah," ya ce ƙasa-ƙasa. "Ajiyewa na zo yi, ba ɗauka ba."

Mai gidan burodin unguwa ne, haifaffen nan. Amma an riga an buɗe ƙofofi, tociloli sun haske buhun shinkafa da galan ɗin mai. Ashe haka mutanen garin suke yi: wanda ya gane maƙwabcinsa ya shiga matsi sai ya kai masa cikin duhu, kada wani ya ga mai bayarwa ko mai karɓa. Duk yawona ban san wannan ba.

Telan ya fito yana laluben bango. Kullum da farar jallabiya gogaggiya yake zuwa masallaci, kuma in ban da mai burodin ba wanda ya san gidansa babu abinci. Yanzu kowa ya sani.

"Sannu da aiki, Alhaji," ya ce. "Ka kama shi?"

Ya koma ciki, ya bar buhun a waje.

Sau biyu na je neman gafara, matarsa tana ce mini daga bayan ƙofa wai yana barci. Kafin azumi suka koma Yanbu wurin ƴarsu, can ya rasu. Sintirin ya watse a makon da abin ya faru. Daga ranar kuma ba a sake ajiye wa kowa buhu da dare a lungunmu ba.