Idan Sun Kama Shi Fa?

Wata huɗu Baba ya yi a gidana a garin Bowie, nan ƙasar Turawa, ban ga dariyarsa ba. Daga Kano na kawo shi don a duba masa zuciya. In fita aiki asibiti in bar shi gaban talabijin da ba ya jin ko kalma ɗaya a cikinta, in dawo in tarar da shi yadda na bar shi. Abin ya tsaya mini a rai. Ni dai so nake in ga haƙoran tsohon nan ko sau ɗaya.

Sai na ji za a nuna tsofaffin fina-finai, irin na bebaye, a wani ɗan zaure kusa da Beltsville ranar Asabar da rana. Na ce to, an zo wurin: ba Turanci, sai gudu da faɗuwa. Har ina yaba wa kaina da dabara.

Da muka je, wata tsohuwa na kaɗa fiyano a gefe. A majigin kuwa, wani siririn mutum ya ture kwandon tuffa, mai kanti ya bi shi, 'yan sanda suka rufa musu baya, sai mata da tsintsiya, sai mai fenti da tsaninsa, gari guda ya ɗunguma. Zauren ya ɓarke da dariya, ni ma ina ciki, ina zungurar Baba da gwiwar hannu kamar wata sakarya.

Ya sunkuyo ya ce, "Idan sun kama shi fa?"

"Baba, wasa ne. Ba sa kama shi."

"A'a. Ana kamawa."

Na ji haushin zauren, na ji haushin fiyanon, amma na kaina ya fi. Ba mu jira ƙarshe ba.

A mota ya ba ni labarin. Yana saurayi aka yi ihun ɓarawo a kasuwa. Kowa ya bar rumfarsa, shi ma ya bi, don haka ake yi, ba mai tsayawa tambayar me aka sata. Yana gudu yana dariya, har takalminsa ya fita. Kafin ya kutsa gaba an riga an gama da mutumin. Ashe mai shayin bakin layinsu ne, ya biyo wani da gudu don ya miƙa masa jakar da ya manta a kan benci.

Ina riƙe da makulli na kasa tayar da motar.

"Da dutse a hannuna, 'yar nan," in ji shi. "Har yau ban sani ba ko na jefa."