Akuya Mai Jan Kallabi

Ranar wata Laraba, a daminar da nake aji uku, na ɓarar da ƙwaryar man kaɗen Kaka a tsakar gidanmu na Tishigu. Aikin kwana uku, daka da suya da kaɗawa, ya kwarare cikin ƙasa saboda ina tsalle da baya-baya. Matan gidan duk sun fita raka wani baƙo ya ga itatuwan kaɗanya. Da Kaka ta dawo na ce akuya ce. Ta zabga wa akuyar muciya, ni kuwa ina juyawa na ga kyamarar baƙon tsaye kan ƙafafunta uku, jan idonta a kunne. Ashe ta ɗauki komai.

Baƙon mutumin Japan ne mai shirya fim, ya zo ɗaukar yadda ake man kaɗe. Da farko matan sun zaci ɗan aike ne, suna ta jiran maigidansa, don ba su taɓa ganin babban mutum yana dakon kayansa ba. Ashe shi ne komai. Shi ke rubuta labarin, shi ke ɗaukar hoto da murya, shi ke yankawa da haɗawa, rana ta yi zafi kuma ya zauna gindin darbejiya yana zane a littafi. Kaka kan ce, "Bawan Allahn nan ko mai miƙa masa ruwa ba shi da shi."

Ya ce zai dawo ya nuna mana. Wata bakwai duk babur ɗin da ya tsaya a ƙofarmu sai in ruga in ɓuya. Ba duka nake tsoro ba. Ni ce 'yar ɗakin Kaka, ni take ba makullin akwatinta, ita kuwa ba ta sake yarda da wanda ya yi mata ƙarya.

Ran nan ya dawo bayan la'asar, aka cika zaure, ya buɗe kwamfuta. Na laɓe bayan mutane. Da fim ɗin ya iso wurin ɓarin man, hoton ya koma zanen hannu: akuya tana tsalle da baya-baya, ta ture ƙwarya. Zaure ya kece da dariya. Amma akuyar tana ɗaure da jan kallabi, irin nawa sak. Kaka ba ta ko waiwayo ba, ta ce a hankali, "Rabi, tashi ki kai wa akuyar nan dusa, ki ba ta haƙuri."

Yanzu inji ke kaɗa man, yaro kuma kafin ya gama kuskure an ɗauka a waya an tura wa dangi. Makullin ya zauna a hannuna har Kaka ta rasu. Mutum biyu suka san ƙaryata, kuma dukansu suka rufa min asiri.