Takalman Ƙwallo a Gaban Tabarmar Hakimi

Tun kafin a kai ni makarantar kwana a Haɗeja ake gaba tsakaninta da makarantar wani garin masunta da ke can cikin fadama, kuma har na fita ban sami wanda ya gaya mini abin da ya haɗa su ba. Gadon gabar muka yi, kamar yadda muka gaji kuɗin cizon da ke ɗakunan kwana. Zamanin Turawa ne, saura 'yan shekaru su tattara nasu ya nasu. Kowace shekara, in ruwa ya janye an gama yankan shinkafa, sai a buga ƙwallo tsakaninmu, bana a filinmu, baɗi a nasu. Abin da ake neman kashe kai a kansa wata garkuwar katako ce da Baturen makarantu ya kawo, ba ta fi faifai girma ba.

Mu muna ce musu masu ƙarni. Su kuma suna ce mana ƙafar amarya, kuma abin haushin, sun fi mu gaskiya. Duk ba takalmi ake wasa, su kuwa a kan busasshiyar laka suka tashi, tafin ƙafarsu ko ƙaya tana shakkarsa. Ga girma. Yara ake ce musu don dai sunansu yana cikin rajista, amma golansu na rantse yana da iyali. Shekara huɗu a jere suna lallasa mu, har a filinmu, gaban 'yan matan unguwarmu.

Malaminmu na wasanni wani gajere ne da ya yi shekara ɗaya a Katsina, bai kuma bari kowa ya manta da hakan ba. Ya zauna ya yi nazari irin nasu na masu ilimi, ya gano cewa ba iyawa aka fi mu ba, ƙafa aka fi mu. Ya sa Bature gaba da naci, yau takarda, gobe gaisuwa, har ya yi masa alkawarin in dai aka ba mu takalman ƙwallo, garkuwa ta dawo birni. Bature ya gaji ya yi oda. Aka sauke su a tashar jirgin ƙasa ta Malam Maduri, jaki ya ƙaraso da su. Baƙaƙe ne, masu ƙusoshi a ƙasa, nauyi kamar an ɗaura wa mutum dutsen niƙa, ga igiya mai tsawon da sai ka zagaya tafin ƙafa da ita sau biyu kafin ka ƙulla. Makon farko tafiya ma gagarar mu ta yi. Amma fa mun hura hanci. Ranar Juma'a har ƙofar kasuwa muka je da su a rataye a wuya, wai mun fito shan iska.

Wasan shekarar a garinsu ya faɗo, nan kuwa ne matsalata. Mahaifina fataucin banda yake yi, kuma fiye da shekara ashirin a wannan garin yake sarin kifi. Ba wani jari gare shi ba, mutunci ne jarinsa. Masunta sukan ɓoye masa kwandunan tarwaɗa mafi kyau ko da wani ya riga shi zuwa, gidan sarkin ruwa ne masaukinsa, hakimin ƙasar kuma ya yarda ya riƙa zama a ƙarshen tabarmarsa, abin da ba a yi wa kowane baƙo. Ana jibi za mu tafi ya aika aka kira ni daga makaranta.

Ya ce, "Kai, na ji wai garin nan za ku yi tsalle-tsallenku."

Na ce, "E, Baba."

Ya ce, "Ni ma ranar ina can. Duk tuwon da ka ci a gidan nan daga garin nan ya fito. Ka kama kanka."

Na ce to. A raina kuwa ina cewa tsoho bai san ƙwallo ba, me zai haɗa ta da tuwonsa.

Motar En'e ta kai mu bakin ruwa, aka fitar da mu a kwalekwale. Filin nasu fadama ce da ta bushe ta tsattsage, wani tsagin sai hannunka ya shige. Malaminsu ya taro mu. Wani siriri ne mai sanyin murya, irin mutanen da in sun gaishe ka sai ka duba aljihunka. Ya yi ta "lale, lale da mutanen birni", ya durƙusa ya shafa takalmin kyaftin ɗinmu, ya ja igiyar ya ga tsawonta, ya ce kai, bana kam sun shiga uku. Malaminmu baki har kunne.

Can sai muka ga siririn nan yana kai da komo da 'yan ɗaukar tabarmi. A al'ada, hakimi da dattawansa ƙarƙashin wata tsamiya suke zama, nesa da fili, su ga abin da suka gani su bar sauran. Ran nan sai ya ce ai bai kamata ranka ya daɗe ya yi kallo daga nesa ba, ga baƙi daga birni, ga Bature. Aka shimfiɗa tabarmi daf da layin gefe, aka kafa rumfa. Hakimi ya zauna da farar riga, liman a damansa, dattawa suka jeru, mahaifina a can ƙarshe. Bature kuma aka kafa masa kujerarsa a ɗaya gefen, yana zuƙar lofe.

Yaran yanzu sai an yi musu bayani. A lokacin, ba mahalukin da zai gifta gaban hakimi da takalmi a ƙafa. Tun daga nesa za ka tuɓe, ka riƙe a hannu, ka rusuna ka wuce. Ba doka ce da ake karanta maka ba, da ita aka yaye mu, ƙafarka ma da kanta take tsayawa. Mu goma sha ɗaya, da mai ilimin Katsina na goma sha biyu, ba wanda wannan ya faɗo wa a rai. Mai ƙarni ɗaya ya tuna.

Aka busa usur. Ni baya nake tsarewa ta hagu, zagayen farko kuwa hagunmu tana wajen Bature, don haka kallo na sha. Wanda ke tsaron dama ɗan wani bafade ne, a ƙofar fada ya yi rarrafe. Ɗan gabansu, wani baƙi mai gudu kamar zomo, ya ɗauki ƙwallo ya bi layi, yana shafar bakin tabarmi da ƙafarsa ta Allah. Namu ya taso da ƙarfinsa zai tare shi. Yana ɗaga kai ya yi ido huɗu da rawani. Sai ya ja birki, ya zauna daɓas a ƙasa, ya kama kwance igiya. Kafin ya zare ƙafa ɗaya ƙwallo tana cikin ragarmu.

Garin ya ɗauka da ihu, mata na guɗa, wasu har da birgima. Dattawa kuwa suka gyaɗa kai, na ji an ce liman har cewa ya yi wannan yaro ya sami tarbiyya. Shi kuma yana tsugune da takalmi ɗaya a hannu yana amsa gaisuwa.

Daga nan suka mai da wasan gaba ɗaya gaban tabarma. Duk wanda ya sami ƙwallo sai ya tura ta can, kamar an ce musu sauran filin na haya ne. Ɗan tsakiyarmu ya nemi ya raba gardama, ya ce ba zai tuɓe ba amma zai rusuna, sai ga shi yana bin ƙwallo a durƙushe yana tafiyar agwagwa. Ba don golanmu ya tashi da ƙafar dama ba, da kafin hutu an cika mana kwando.

Da aka tafi hutu kyaftin ya ce, "Malam, mu tuɓe su gaba ɗaya mana, mu yi yadda muka saba."

Malam ya waiwaya ya dubi Bature. Bature ya ɗaga masa lofe yana murmushi, shi a ganinsa takalmansa suna aiki. Malam ya juyo gare mu.

Ya ce, "Ba mai tuɓe takalmi! Kun san wahalar da na sha? A cikin fili babu hakimi, babu liman, dokar ƙwallo ce kawai. Haka ake yi a Katsina."

Da raɗa ya faɗi wannan, ya juya wa rumfa baya. Na dubi ƙafarsa, sai na ga babu komai, ashe tun da ya je gaisuwa ya baro nasa takalmin a gindin tsamiya bai yi ƙarfin halin komawa ya ɗauko ba.

Aka juya fili, tabarma ta dawo gefena. Ga mahaifina can yana fifita da hularsa, ko inda nake bai duba ba.

A ba takalmi haƙƙinsa, yana da duka. 'Yan gabanmu suka gane su riƙe ƙwallo a gefen Bature, inda ba mai rawani, suka yi ta ɗirka wa golan nan mai iyali har ya fara kauce mata. Muka farke. Can kuma muka ƙara. Biyu da ɗaya, mu da muka shekara huɗu ba mu ga irin wannan rana ba. Ni kuwa ba abin da nake roƙon Allah sai kada ƙwallon nan ta san da ni.

Saura ƙiris a tashi ta zo. Zomon nan ya karɓe ta, ya bi layinsa na gado, yana ma dariya, don ya san abin da zai faru. In ya wuce ni, daga shi sai gola. Ƙafata ta fara tsayawa da kanta, hannuna har ya nufi igiya. Zan so in ce kishin makaranta ne ya tashe ni, tsofaffin ɗalibai ma haka suke faɗa har yau. Ƙarya ne. Wata mai tallan dafaffen kifi ce ta ƙwala daga bayan rumfa, "Amarya, zauna ki tuɓe!" Jama'a suka kwashe da dariya, ni kuma idona ya rufe.

Na taho a guje na zube masa da ƙafa biyu. Ƙwallo ta yi sama ta faɗa cikin kaba, shi ya yi gefe, ni kuwa santsin busasshiyar laka ya kwashe ni bai dire ni ko'ina ba sai tsakiyar tabarma. Na yi fatali da butar liman. Da na buɗe ido ina kwance rigingine, tafin takalmana biyu, da ƙusoshinsu da lakarsu, suna kallon fuskar hakimi. Farar rigar nan duk ta yi dabbare-dabbare.

Hakimi bai ɗaga murya ba. Ya sa yatsa ya karkaɗe lakar da ke gwiwarsa, a hankali, sannan ya ce, "Ɗan wa ne wannan?"

Duk wanda ke kan tabarmar ya sani. Ni ɗan fari ne, tun da nake ban taɓa jin mahaifina ya kama sunana ba, balle ya ce ɗansa ne ni a gaban mutane. In ta kama dole sai ya ce yaron gidan nan. Na ga ya taso daga ƙarshen tabarma, ya zagayo, ya durƙusa a kan laka kusa da ƙafafuna.

Ya ce, "Nawa ne, ranka ya daɗe."

Hakimi ya dube shi. Ya ce, "Naka? Ashe." Sai ya miƙe, dattawa suka miƙe, aka naɗe tabarmi ana cikin neman ƙwallo a kaba. Kafin a samo ta lokaci ya cika, alƙalin wasa ya busa tashi.

Aka ɗaga ni sama. Bature ya girgiza hannuna ya faɗi wata magana da ban ji ba. Malam ya rungume garkuwa yana gaya wa kowa cewa dabarar da ya tsara ke nan tun farko. Ni dai kunya ce ta rufe ni, irin wadda ban taɓa ji ba.

Ba wanda ya kori mahaifina daga garin, su ba sa haka. Ya koma sau biyu. Ya tarar kwandunan kirki duk an riga an yi wa wani alkawarinsu, gidan sarkin ruwa kuma baƙi sun cika shi, tabarma ta yi wa mutane kaɗan. Bai koma na uku ba. Sauran rayuwarsa a kasuwar Haɗeja ya yi ta, yana sarin banda a hannun mutanen da a da shi ke sayar musu.

Bai taɓa yi mini faɗa a kan wannan ba, ko sau ɗaya, na kuwa so ya yi. Abin da ya ce duka duka a kwalekwale ne, da muke komowa ran nan, don jirgi ɗaya ya kwaso mu. Yana zaune a baya da kwandunansa wayam, yara suna ta kiɗa gefen jirgi suna kiran sunana. Da muka kai tsakiyar ruwa ya ɗan matso, ba tare da ya dube ni ba.

Ya ce, "Wai a cikinku wa ya ci?"

Na ce, "Mu ne, Baba."

Ya ce, "To, madalla."